Tukunyar Ragwaye Tana Nan a Gareji

Anti Verna,

Don Allah ki taimake ni, kuma ki yi sauri, domin saura kwana goma sha tara Kirsimeti. Ban taɓa rubuta wa jarida ba. Marigayiya matata Delores ce mai karanta shafinki, ni kuwa in ta gama nakan shimfiɗa shi ne in fere dankali a kai. Ki yi haƙuri, gaskiya ce.

Shekara talatin da takwas na yi ina soya fanke da ƙwai a ɗan gidan abincina na bakin titi, nan kusa da Bemidji. Direbobin motocin katako kan ƙara tafiyar rabin awa don su karya a wurina. Na rufe shagon yanzu, amma kowace safiyar Kirsimeti ni ke tashi ƙarfe biyar in ɗora tanda in yi wa iyalina fanke, ɗaya bayan ɗaya, daga wuta sai faranti. Ina kicin ina juyi, ina jin ihun yara daga falo suna yage takardun kyauta. Daga ihun nake gane wanda ya samu abin da yake so. Haka muka saba tun 'yata Annika tana rarrafe.

Annika ta auri wani malamin lissafi a Duluth mai suna Curtis. Ba ni da abin cewa a kan halinsa, ba ya sha, ba ya zagi. Amma irin mutanen nan ne da ke karanta takardar bayanin cikin kwali daga farko har ƙarshe kafin su kunna ko da fitila. Bara, ana gobe Kirsimeti, sai ga shi ya shigo min gida rungume da tukunyar lantarkin nan mai dahuwa a hankali, kamar ya ɗauko jariri daga asibiti. Ya ce, "Baba, bana hutu gare ka. Yau za mu jona ta mu kwanta, kafin gari ya waye abinci ya nuna." Na ce masa, "To madalla, girki ya koma minshari ke nan."

Anti, da kin ga abin da ya zuba a ciki! Gurzajjen dankalin leda wanda bai gama narkewa ba, nikakken nama, albasa, cuku, sannan ya kaɗa ƙwai dozin guda da madara ya kwarara a kai ya rufe. Ƙwan da minti biyu ya ishe shi, shi za a bari awa takwas yana gumi a tukunya. Wai har da suna gare shi, karin safe na biki. Ni dai tukunyar ragwaye nake ce mata. Annika ta ja ni gefe ta ce, "Baba, don ka samu ka zauna da mu ne." Na san inda ta dosa. Shekarar da ta gabata hannuna ya ɗan yi rawa na ƙona tsintsiyar hannu, ƙunar da ba ta kai maɓallin riga ba, shi ke nan an yi min ritaya a kicin ɗina ba tare da an tambaye ni ba.

To ga inda maganar take. Kicin ya cika da kayan abincin rana, don haka Curtis ya kai tukunyarsa gareji ya ɗora a kan teburin aikina. Soket ɗaya ne a wurin, kuma nan nake jona wayar ɗumama injin motata. Rediyo ya ce sanyi zai kai talatin ƙasa da sifili. Wajen ƙarfe tara na fita, na zare wayar da na tarar, na jona tawa. Za ki tambaya ko na san wayar mece ce. Garejin dai akwai duhu. Fitilar tana aiki, ban dai kunna ba. Babu inda za ni da safe, amma mota ai mota ce.

Ƙarfe shida na mayar masa da wayarsa, ban ce wa kowa komai ba. Ƙarfe takwas ya ɗauko tukunya yana murmushi, ya buɗe a tsakiyar tebur. Gefe ya ɗan kama, tsakiya kuwa sai ka yi iyo. Jikata Signe, shekararta bakwai, ta leƙa ta ce, "Daddy, miyar ƙwai ce?" Kunnuwan Curtis suka yi ja, ya tashi ya ɗauko takardar bayaninsa yana dubawa layi layi. Ni kuwa Allah ya sa na kwaɓa kullun fanke tun yamma don ko-ta-kwana. Cikin minti goma kowa na ci, ni ina kicin a kan aikina.

A ranar na raɗa masa suna Malam Ruwa-ruwa. Wasa ne kawai. Na kira shi da shi ranar Ista, na kira shi ranar huɗu ga Yuli, na ba wa dattawan da muke shan kofi bayan coci labari har suka riƙe ciki. Ranar haihuwarsa na aika masa da tsinken shan lemo a ambulan, na rubuta cewa cokalin cin girkinsa ne. Yakan yi dariya, ko da yake yanzu da na tuna, ta yaƙe ce.

Ranar Lahadi Annika ta kira ni. Ashe Signe ta kira ubanta da sunan nan a gaban ɗalibansa a wani taron makaranta, yanzu har a allo suna rubuta masa. Ta ce, "Baba, bana ba za mu zo ba. Mijina ba abin wasanka ba ne. Ni na roƙe shi ya koyi girkin nan saboda kai, sau uku ya gwada a gida yana yin kyau, har yau bai san abin da ya ɓata ba." Ta kashe waya kafin in ce uffan.

Tun da Delores ta rasu shekara huɗu ke nan, safiyar nan guda ce kawai ake hayaniya a gidan nan. Na riga na saya wa Signe takalman gudu a kan ƙanƙara, na naɗe, suna ƙarƙashin bishiya. Ba zan ɓoye miki ba, tsoro nake ji. Abin da nake so shi ne ki rubuta a shafinki cewa abincin tukunyar nan ba abinci ba ne, kuma matasan yanzu ba su san wasa ba, in yanke in aika mata. Tukunyar ma tana nan a garejina, ya tafi ya bar ta, ta tare min wuri.

Tsohon Mai Tanda, kusa da Bemidji


Dattijo Mai Tanda,

Na gode da ka sanar da ni amfanin shafina a gidanka. Wannan karon ka daure ka karanta kafin ka zuba ɓawon dankali.

Bari in fara da inda kake da gaskiya, don ba shi da yawa. Fanke mai zafi daga hannun wanda ya shekara talatin da takwas yana yi ya fi haɗin tukunyar nan daɗi, ko Curtis ba zai musa ba. Annika kuma ta yi kuskure. Ba a karɓe wa mutum aikin da ya san kansa da shi ta bayan gida, balle mutumin da bai daɗe da binne matarsa ba. Da ta zaunar da kai tun wata guda kafin bikin ta nemi yardarka, da wataƙila ba mu zo nan ba. Na gane abin ya yi maka ciwo.

Daga nan kuma sauran naka ne. Ka ce garejin akwai duhu. Mutumin da ya kwaɓa kullu tun yamma, ya san babu inda za shi da mota, ya bar fitila a kashe, sannan ya lallaɓa ƙarfe shida ya mayar da waya, duhu bai dame shi ba. Da kuskure ne, da ƙarfe shida ka ƙwanƙwasa musu ƙofa. Ka tsaya kana kallon bawan Allah yana neman laifinsa a takarda, alhali laifin yana tsaye a bayansa riƙe da cokalin juyi. Ko wannan ma da a ranar ya ƙare, da sai a ce sharrin zuciya ne na dare ɗaya. Amma ka yi shekara cur kana tallar abin a coci, har ka sa jikarka ta zama 'yar aikenka ba ta sani ba. Ka ce matasa ba su san wasa ba. Wasan da mutum ɗaya ne kawai ya san yadda aka shirya shi, sunansa mugunta. Don haka takardar da kake so in rubuta, ba za ka same ta a wurina ba.

Ga abin yi. Yau, ba gobe ba, ka kira Curtis. Shi za ka kira, kada ka bi ta wajen 'yarka. Ka ce masa kai ka zare wayar, kana sane, girkinsa ba shi da laifin komai. Kada ka kawo zancen sanyi, kada ka kawo zancen mota. In ya yi shiru ka bar shi ya yi. Ranar Lahadi kuma ka maimaita wa dattawan kofi, tunda a gabansu ka zubar masa da mutunci. Signe ma ka gaya mata da bakinka cewa Kaka ne ya yi ba daidai ba, sunan nan ya mutu.

Kada ka roƙe su su zo. Ka nemi izini kai ka je Duluth, kuma ka ɗauko tukunyar da ta tare maka wuri ka wanke ta. Ka gwada a gida tukuna. Ka shafe cikinta da man shanu sosai. Ka bar dankalin ya narke, ka matse ruwansa a tsumma. Ka soya naman da albasa, wannan kam ba sai na koya maka ba, ka jera su hawa-hawa da dankali da cuku, ka kwarara ƙwai dozin da kofin madara. Ka shimfiɗa tsumma mai tsabta a ƙarƙashin murfi don ya tsotse tururi, ka sa ta a ƙaramar wuta awa bakwai zuwa takwas, kada ka buɗe kana leƙe. An ce mai haƙuri yakan dafa dutse, ƙwai kawai aka ce ka dafa. In wani abu ya shige maka duhu, ka san malamin da ya karanta takardar daga farko har ƙarshe.

Ba zan yi maka alkawarin za su buɗe maka ƙofa bana ba. In suka ce a'a, ka aika da takalman ta gidan waya, ka haɗiye, kai ka ɗebo da zafi. In suka ce to, ka ajiye tandarka sai washegarin biki, ka sa Signe a gefenka ta koyi juyi.

Akwai layi ɗaya a wasiƙarka da ka rubuta da alfahari, ni kuwa ya ba ni tausayi. Ka ce daga ihu kake gane wanda ya samu abin da yake so. Wato tun Annika tana rarrafe ba ka taɓa ganin fuskarta tana buɗe kyauta ba, kuma abin da ta so ta ba ka ke nan bara, kai ka zare masa waya. Signe ba za ta daɗe tana yin irin wannan ihun ba. Bana ka samu kujera a falo ka zauna, ka ga yadda fuskarta take yi in ta yage takardar takalman nan.

Allah ya daidaita tsakaninku, ya kai ka Duluth lafiya. Motar kuma ka nema mata wani soket.

Anti Verna