Bencin Awarata Za A Kai Taron Tsofaffin Ɗalibai

Assalamu alaikum mutanen wannan gida mai albarka. Admin don girman Allah ka sakaya sunana, ko da yake na san duk ɗan ajinmu da ya karanta layi biyar zai gane ni, tau ya gane ɗin, ni dai na gaji da haɗiye abu. Don Allah ku ba ni shawara kafin Sallah, don in Sallah ta wuce shawarar ba ta da sauran amfani a wurina.

Ni 'yar Kurfi ce, aure ya kawo ni Dutsin-Ma, yarana huɗu. Mijina ɗan ajinmu ne, tun muna SS1 muka haɗu a makarantar jeka-ka-dawo, lokacin kujeru ba su isa ba, kowa daga gida yake zuwa da abin zamansa. Babanmu, Allah ya ji ƙansa, ya sa kafinta ya yi mani ɗan benci, ni kuma a lokacin kamar a hure ni in faɗi, ɗaukarsa wahala yake ba ni, sai wannan bawan Allah ya riƙa tare ni a bakin kasuwa yana karɓa ya ɗora a ka har aji, in an tashi ya maido mani har kwanar gidanmu. Shi ke nan fa soyayyar da kuke ji ana faɗi, wallahi babu wani abu bayan wannan. Yarinya 'yar sha shida an ɗaukar mata benci, ita a shirmenta ta samu wanda zai ɗauki nauyinta har tsufa.

A ajinmu aure huɗu aka ƙulla irin wannan na 'yan aji ɗaya, lokacin abin yayi ne, in ba ki da na ajinku sai a ga kamar kin yi kwantai. Na farko sun rabu sun koma har sau biyu sun sake rabuwa, saki na ukun ma a cikin grup ɗinmu na waya mijin ya rubuta shi, tsakanin sallamar safe da tallan atamfa, wai don kowa ya shaida tunda kowa ya shaida farkon. Na biyu mijin ya tafi kudu neman kuɗi, yanzu sai dai matar ta gan shi a hoto da jar hula yana ɗaga yatsa biyu. Na uku su ne kawai zan ce suna zaune lafiya, ɗiyar wani malaminmu Kirista da yaron da suke zama layi ɗaya, su kam ubanta ya ce babu maganar aure sai kowa ya riƙe takardarsa a hannu, muka yi ta yi masu dariya muna cewa za su tsufa a titi. Yau ita ma'aikaciyar jinya ce, in na kai yaro asibiti ita ke ce mani in zauna in jira. Na huɗu mu ne, kuma mu ake kira abin koyi, saboda mu kaɗai muka yi auren wuri kuma ba a taɓa jin kanmu ba. Ba a ji kanmu ba ne don ni ba na magana.

Ga yadda aka yi. Da muka gama sakandare na samu gurbi a makarantar koyon aikin lafiya, shi kuma ya samu NCE. Sai ya zo har zauren gidanmu da hawayensa, ƙato da shi, wai in na tafi wani zai ƙwace ni, wai a ɗaura aure kawai mu yi karɓa-karɓa, shi ya fara nasa ni in riƙe gida, da ya gama sai ni in tafi shi ya riƙe. Babanmu bai so ba, ni na kafe, na daina cin abinci, na ce in ba shi ba sai rijiya. Aka ɗaura. Ya gama NCE na ce tau layi ya zo kaina, ya ce NCE ai ba takarda ba ce a zamanin nan, in bari ya haɗa digiri. Ya haɗa digiri, ya ce bautar ƙasa. Ya dawo, ya ce ina da goyo. Na yaye, ya ce mastas ta samu kuma dama sau ɗaya take zuwa. Yanzu digiri na uku yake yi, bai gama ba amma ya riga ya sa yara da maƙwabta suna kiransa Dakta, in ka ce masa Malam sai ya yi kamar bai ji ba. Da na tada maganar karatuna bara, cewa ya yi ai karatunsa karatuna ne, duk inda aka kira shi Dakta ni ce matar Dakta, mi kuma nake nema. Ku ji fa don Allah, mutum mai digiri biyu da rabi.

Duk tsawon shekarun nan mi muke ci? Awara. Tun da muka dawo Dutsin-Ma na kafa kasko a ƙofar gida, ɗaliban jami'a su ne masu saye, in an yi hutu mu ji a jikinmu. Ni ke jiƙa waken suya, ni ke kai niƙa, ni ke tacewa, hannuna duk tabon mai ne, idona ya fara ba ni matsala saboda hayaƙi. Albashinsa na koyarwa kuwa a makaranta yake ƙarewa, yau buga takardu gobe tafiya wurin malaminsa jibi sabuwar shadda don za a gabatar da wani abu. A waje kuma cewa yake Madam 'yar kasuwa ce, shi ya ba ta dama don ya yarda da ci gaban mata. Kuma bencin nan na makaranta da aka haɗo mani cikin kayan ɗaki, a kansa nake zama in yi suyar, shekara goma sha wani abu, har wajen zaman ya lotsa ya yi baƙi. Mutumin da ya samu mata da ɗaukar benci, wallahi tun da aka ɗaura bai taɓa ɗaga mani jarkar ruwa daga bakin ƙofa zuwa madafa ba, wai bayansa.

Yanzu ga abin da ya kawo ni. 'Yan ajinmu sun shirya taron tsofaffin ɗalibai washegarin Sallah a tsohuwar makarantarmu, an fitar da anko, an buga ƙyalle da hotonmu ni da shi, za a ba mu lambar yabo ta ma'aurata abin koyi. Shugabannin taron kuwa har da mai saki a grup, shi ne ma sakatare, Allah wadaran naka ya lalace. Ba su tsaya nan ba, sun ce za a tara 'yan matan da ke gama SS3 ni in yi masu jawabi a kan albarkar soyayyar makaranta in an bi ta hanyar aure. Ban ce zan yi ba, mijina ne ya amsa da bakina. Satin da ya wuce na fito da yamma zan kafa kasko na nemi benci sama ko ƙasa babu, ashe Dakta ya sa an kai wa kafinta, an kankare baƙin an shafa masa fenti mai ƙyalli, an rubuta sunayenmu a jiki da zanen zuciya, wai a kansa za mu zauna a gaban jama'a, kuma shi zai shigo da shi a ka kamar da, a yi tafi. Ko a nan ma ba shi ya ɗauka zuwa wurin kafintan ba, mai Napep ya kira. Ni yanzu a kan bokitin fenti nake suya, bencin yana falo an lulluɓe shi da zanin gado, an hana yara su taɓa.

Da iya nan abin ya tsaya da na shanye, in sa ankona in yi murmushin in karɓo lambar in ɗora kan firij, ba yau na fara ba. Amma cikin 'yan matan da za a tara akwai autarmu, uwa ɗaya uba ɗaya, ni na yi mata wankan jarirai. Yarinyar nan tana da ƙwaƙwalwa, ta fi ni nesa ba kusa ba, burinta aikin jinya kuma malamanta sun ce za ta samu. Sai ga shi ita ma tana da na ajinsu, wani mai askin banza da ko gemu bai gama fito masa ba, shi ba benci yake ɗaukar mata ba, data yake saka mata. Kuma kun san abin da ya ce mata? A ɗaura aure bayan jarrabawa, shi ya fara karatu ita ta riƙe gida, in ya gama sai ta yi nata. Kalma ɗaya ba ta canza ba. Da na bi diddigi ashe yaron wurin mijina yake zuwa ɗaukar darasi, yana kiransa Yaya Dakta, shi ya ba shi dabarar, har yana ce masa ai ga shaida nan a gidansa.

Kada ku ce ban gwada a ɓoye ba. Na je Kurfi takanas na ja ta ɗaki, na nuna mata hannuna, na ce ta duba da kyau, na faɗa mata layina bai taɓa zuwa ba kuma ba zai zo ba. Dariya ta yi, ta ce Yaya ke dai kin ji daɗinki kina yi wa wasu baƙin ciki, ta buɗe waya ta nuna mani abin da mijina ke ɗorawa kullum, hotona na ranar suna da rubutun sarauniyata tun SS1. Ta ce namiji nawa ne ke yi wa matarsa haka a garin nan. Na koma wurin Innarmu, ita kuma ta ce in ji tsoron Allah, miji bai taɓa duka na ba, bai taɓa kore ni ba, duk dangi da ni ake misali, in bar yarinya ta bi sawuna tunda sawun alheri ne. Kun ga inda rufin asiri ya kai ni, na yi shekaru ina cewa lafiya lau, yau na faɗi gaskiya an ce hassada ce. Hoton nan da yake ɗorawa ya fi bakina ƙarfi a gidanmu, kuma ranar taron za a buga masa hatimi a gaban kowa, da ni zaune a kan benci ina murmushi.

Shi ma ya sunsuno wani abu, don Auta ta kai wa saurayinta labari shi kuma ya kawo wa Yaya Dakta. Ya same ni ina tatar waken suya ya yi ta faɗa, wai ina zubar masa da mutunci a wurin yara, wai ni matsalata rashin ilimi ne shi ya sa ba na ganin nesa. Rashin ilimi! Ban san lokacin da na yi dariya ba, na ce ai layi nake jira. Daga nan ya turo mani jawabin da zan yi da muryarsa a waya, ya ce in haddace, akwai wurin da zan ce shi ne bangon da na jingina, har ya nuna inda zan ɗan tsaya in share hawaye. Ya rufe da cewa in na kuskura na kauce daga abin da ya tsara na kunyata shi a bainar jama'a, kada in wahalar da kaina neman motar komawa gidansa, dama a Kurfi ake taron, gidanmu ba nisa, 'ya'yansa kuma ya san inda zai kai su.

Maganar gaskiya mutumin nan ya fita daga raina tuntuni, in na kalle shi yana gyara hula a madubi yana gwada yadda zai ɗauki benci ba tare da karin ya lalace ba, tausayin kaina kawai nake ji da na taɓa ƙin cin abinci a kansa. Amma ina da yara huɗu, ƙaramar ko yaye ban yi ba, ba ni da takarda sai ta sakandare, masu sayen awarata a Dutsin-Ma suke ba a Kurfi ba, kuma na san Innarmu ba za ta tarbe ni da fara'a ba in na dawo ta wannan hanyar. In na ƙi zuwa taron cewa zai yi ba ni da lafiya, ya hau ya yi jawabin da kansa, ya ma fi shi daɗi. In na je na karanta nasa, ni da bakina na tura ƙanwata inda na faɗa, da ita da sauran 'ya'yan mutane da za su zauna suna kallona da sha'awa. In kuma na karɓi abin magana na ɗaga hannuwana biyu na ce ku duba, ga abin da karɓa-karɓa ta bar mani, wanda ke son ku da gaske zai jira ku riƙe takardarku, tau watakila Auta ta farka, watakila kuma ta ce Yaya ta haukace, ni kuma na rasa ɗakina da yarana a banza.

'Yan uwa wanne zan yi? Akwai wata hanya da ban gani ba? Masu cewa in yi haƙuri in yi addu'a na gode, amma da shi na kawo yau, ku ba ni wata. Wadanda suka yi irin wannan auren na aji ɗaya, musamman mata, don Allah ku faɗa mani gaskiya ko da a sakaye ne. Jiya da rana Auta ta kira ni, na ɗauka ta yi tunani ne, har na fara murna. Ashe roƙo za ta yi, wai Yaya in an gama taro don Allah ki bar mani bencin nan, a cikin kayan ɗakina nake so a sa shi.