Muryata a Rami na Tara

Yaya,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da maigidanki da 'yan biyu. Yaya ƙafar Inna? Ki ce mata na daina faɗa da mutane, ko da yake ƙarya ce.

Na ji mijinki yana yaɗawa wai ni mai fasa dutse ne. Ki gaya masa dutsen da nake wa aiki ya fi shi hankali, kuma ba zagi ba ne. Kaka muke ce mata a nan. Launinta kamar garwashin da ya fara mutuwa, tana da ɗumi, tana kuma tafiya cikin sauran duwatsu yadda ruwa ke bin yashi. Duk duniyoyin da jirage ke zuwa, nan kaɗai aka same ta. Ba a saranta. Mu sauka rami da keji, wato akwatin ƙarfen da ake ja da igiya, mu ɗora tafin hannu a bango mu gaishe ta, sannan mu tsince ɓarɓashin da ta zubar, kamar farcen da mutum ya yanke. Da shi ake tuƙa jiragen da ke ratsa taurari. In aka kunna injin haƙa kuwa, sai ta nutse, a yi wata ba a ji ɗuminta ba.

Kin san ni da karatu, tun ina haɗa baƙi a jikin kwalaye. Lokacin hutu nakan karanta littafi da ƙarfi don in huce haushin Manaja. Ashe Kaka tana ji. Ran nan bayana ya yi ɗumi, na waiga, bango duk ya yi ja. In na tsaya ta dushe, in na ci gaba ta haskaka. Da na kai inda uwar yaran ta mutu a labarin, sanyin da ta yi har a haƙorana na ji shi. Tsohon da ke jan keji ya ce shekara talatin yana gaishe ta, ba ta taɓa matsowa haka ba, don haka in kama bakina. Ni da kama baki?

A gaida kowa da kowa.
Ƙaninki, Reza

Yaya,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarku, na ga wasiƙarki. Kin ce in bi maganar tsoho. Kin makara.

Na hau ofis da ƙurar rami a jikina, na ce wa Manaja abin da ke ƙarƙashin ƙafarsa mai rai ne, yana ji yana baƙin ciki, don haka a fitar da injinan nan daga ramin gaba ɗaya. Na shirya a kore ni. Sai aka ba ni kujera. Wata Injiniya mai farin gilashi ta tambaye ni makarantar da na yi, na ce babu. Ta ce ta zauna da masu digiri da yawa, ba ta ji wanda ke ba kalma haƙƙinta kamar ni ba. Yaya, tun da aka haife ni ba wanda ya taɓa gaya mini haka, har ke.

Ta roƙe ni in karanta a gaban na'urar ɗaukar murya a cikin ramin, wai masana za su yi nazari a rubuta Kaka cikin jerin masu rai. Awa uku na yi, littafin duka, ina gyara murya kamar mai labarai. Mai keji ya yi ta girgiza kai da muke hawowa. Na ce masa hassada ce.

Ki sa ni a addu'a.
Ƙaninki, Reza

Yaya,

Ina fatan kuna lafiya. Ni dai ga ni.

Babu masana, babu jeri. Gutsure ɗaya da aka yanko daga jikin Kaka da rai ya fi ɓarɓashin shekara goma daraja, sun daɗe da sanin haka. Abin da suka rasa shi ne yadda za su kira ta. Ni na kai musu har ofis, da ƙafata, saboda wata ta ce na iya karatu.

Sun jera injinan yanka a kashe, suka rataya lasifika, suka saki muryata. Ta zo. Da na ji, na kifar da teburin Manaja, na gaya wa Injiniya abin da ba zan rubuta miki ba. Ko kallona ba ta yi ba. Suka karɓe katina na aiki, masu gadi suka jefo ni bayan wayar shinge. Na je wajen ma'aikata, kowa ya ce yana da iyali. Na je ofishin ƙorafi, magatakarda ya duba takardarsa ya ce babu gurbin dutse, sai dai in rubuta cewa ni aka cuta. Na tsaya a bakin wata tsohuwar hanyar iska ta ramin ina yi wa Kaka ihu ta gudu, mai keji ya toshe mini baki, ya ce muryar take bi, ihuna ƙara jawo ta yake yi.

Kin ce in dawo gida. In zo in yi me? Ɗakin da na kama yana jikin waya, kullum da hantsi ina jin muryata daga ƙasa, tana karatu cikin natsuwa. Mai keji ya ce in an yanke ta takan nutse kwana biyu, ta dawo ta ragu. Yanzu ba ta fi faɗin ƙofa ba.

Akwai wani wuri a muryar da suka ɗauka inda na yi tuntuɓe da kalma, na yi dariya na ce, "Yi haƙuri, Kaka, bari in sake." Mai keji ya ce nan ne ta fi haskakawa, ta manne da bango. Injiniya ta sa alama a wurin. Nan suke kunna injin.

Kada ki karanta wa Inna wannan. Ki ce mata ina gaishe ta, kuma na yi shiru.

Ƙaninki, Reza