Tambayar da Ƙura Ta Rufe

Ruse, ranar Laraba

Boryana, hasken idona, zumar da ƙudan zuma suka tara daga furen itacen lipa, shamuwata ta farkon bazara, inuwar kurangar inabi a tsakar ranar Yuli, ke da dariyarki ta fi ruwan kogin Danub sanyi ranar da ƙanƙara ta fara narkewa,

Na san abin da za ki ce. Za ki ce ga Stoil nan ya sake haɗiye wani tsohon littafi yana amayar da shi a takarda. Ki faɗa. Wata huɗu ke nan ban ji kin zage ni ba, kunnena har ya fara tsatsa. Ni dai ki daure ki kai ƙarshe, ko a tsaye ne, ko kina ninke kaya da ɗaya hannun, don Asabar ƙarfe goma na safe bas ɗinki zai tashi zuwa Jamus, kuma akwai abin da ya kamata ki sani kafin ya hau gadar Danub ya tsallake iyaka.

Jiya da hantsi babanki, wanda kowa ke kira bai Tsanko don girmamawa, ya shigo garejina rungume da na'urar wasan gem ɗinki, an naɗe ta cikin mayafin tebur na mamarki mai zanen zakaru, sai ka ce jaririn da za a kai coci. Ya dire ta tsakanin gwangwanayen fenti, ya ce kin ce in mayar da ita fara tas yadda ta fito daga kamfani, wai mutumin da zai saya ba ya son ja. Ba ya son ja! Wane makaho ne wannan? Shi ya san irin jan da yake magana a kai? Ke kin sani, Boryana. Duk garin nan mu biyu kaɗai muka sani.

Bara war haka ne. Matan benenku sun fito da murhun gasa tattasai bayan gini, hayaƙi ya cika unguwa kamar yadda ya cika ta yau ɗin nan, har ina jin ƙamshinsa ta cikin ƙyallen da nake rufe hanci da shi. Kina zaune kan akwatin lemo da aka kifa, kina ɓare ƙonanniyar fata, yatsunki baƙi ƙirin, gashinki ɗaure da igiyar takalmi. Ni kuma ina tsaye a kanki ina cika baki kamar kullum, wai babu launin da Allah ya halitta da ba zan iya fesa wa roba ba, na yi wa wani ɗan tasi launin wuyan tantabara, na yi wa wata launin kankana ciki da waje. Ba ki ko kalle ni ba. Kika ɗaga tattasai ɗaya da kika gama ɓarewa, kika tare rana da shi, kika ce, "To sarkin surutu, in ka isa ka yi mini wannan."

Kin tuna shi? Ja ne da ya shiga wuta ya fito da ransa, hayaƙi na kwance a cikinsa, danshi na sheƙi a kansa, can ƙasa kuma wani ruwan zinare na motsi kamar garwashi a ƙarƙashin toka. Ta cikinsa na hango fuskarki. A nan na ƙare, kurciyata.

Sati uku na yi. Na cire murafen biyu, na bi su da sanfefa har yatsuna suka daina jin zafin kofin shayi. Na fesa ja kai tsaye, ya fito kamar motar kashe gobara. Na ƙara ruwan ƙasa, ya koma hantar saniya. Kullum sai na gasa tattasai na ɓare na ajiye kusa da murfin, don launinsa minti goma yake rayuwa, daga nan ya bushe ya mutu. Daga ƙarshe wani littafi ne ya cece ni, irin waɗanda masu tafiya ƙasar waje ke jibgewa gefen bola in sun kulle gidajensu, makarantata ke nan tun da na bar ta gwamnati ina ɗan shekara goma sha biyar. Na masu zanen coci ne na dā, babu bango, babu shafin farko. Ya ce haske daga duhu ake gina shi. Sai na shimfiɗa baƙi, na yayyafa zinare siriri kamar raɓa, sannan ja sau bakwai, kowanne kamar hucin baki a kan gilashi, kowanne sai ya kwana ya bushe, sannan ruwan sheƙi a sama. Ranar da na kawo miki, kika zagaya ta sau biyu, kika shinshina ta, kika ce saura gishiri da tafarnuwa. Ban taɓa samun yabo irin wannan ba, ba kuma zan ƙara samu ba.

To ga abin da ba ki sani ba.

Kafin in mayar da murfin hagu, na juya cikinsa, wajen da ke kallon fankar da ke sanyaya na'urar, na ɗauki burushi mai gashi uku da ragowar zinaren, na rubuta: Boryana, ki aure ni. In kin yarda, ki zo gareji ki zage ni.

Me ya sa a can? Ki tambaye ni, ni ma tun jiya nake tambayar kaina. Don bakina wuƙa ne, yanka ya iya, bai iya miƙa fure ba. Don ina tsoron ki yi dariya ina tsaye. Don kuma na ɗauka dabara ce da babu irinta: duk wanda na yi wa aiki sai na ce masa bayan wata uku ya cire murfi ya hure ƙurar fanka, in ba haka ba na'ura ta shaƙe ta yi zafi. Ke ma na faɗa miki, har na nuna miki inda ake dannawa. Na ƙirga a raina: Oktoba, Nuwamba, Disamba. Na ce da sabuwar shekara za ki buɗe, ki gani ke kaɗai, babu idon kowa, ki sauko da silifas cikin dusar ƙanƙara ki kira ni jaki. Na share gareji saboda wannan ranar, ni da ban taɓa share shi ba.

Janairu ta wuce ba ki zo da zagin ba. A Fabrairu muna tafiya bakin kogi, iska na yankan kunne, na kasa haƙuri na tambaye ki ko kin buɗe na'urar. Kika ce kin buɗe, kin hure, in bar ki ki sha iska, sai ka ce ni na haife ki. Na ce, to me kika gani?

Kika ce, "Ƙura mana. Me zan gani?"

Wayyo Boryana! Da kin ture ni cikin kogin nan da ya fi mini sauƙi. Na ɗauka amsata ke nan. Na ɗauka kin karanta, kin auna ni, mai gareji, mai farce da fenti, marar takardar makaranta, kin zaɓi ki yi kamar ba ki gani ba don kada ki kunyata ni, wannan tausayin kuwa ya fi mari ciwo. Daga ranar na zama abin da kika sani. A farkon Maris kika ɗaura mini zaren fari da ja a wuyan hannu kamar yadda kowa ke yi wa nasa, na ce jan na banza ne, na kanti. Kika ci ni tseren mota a gem sau biyar a jere, kina jiran in yi ihu in ce madannin da ke hannuna ne ya lalace mu yi dariya, na ajiye na tashi. Duk abin da kika kawo sai na sa masa haƙori. Ina hukunta ki, ke kuma kina dubana kamar wadda karen gidansu ya cije ta.

Sai watan Mayu, a teburin mamarki, da kika ce kin fara koyon Jamusanci, akwai aikin kula da tsofaffi a can. Na ce a gaban iyayenki ki je ki kwashe musu fo, can ma ƙura za ki gani. Kika ajiye cokali a hankali. Kika ce in ba ki dalili ɗaya, ɗaya tak, da zai sa ki zauna a garin nan. Ni kuma, Allah ya isa tsakanina da harshena, na ce na riga na ba ki, kin san inda kika bar shi. Kika tashi kika buɗe mini ƙofa. Baki shi ke yanka wuya, nawa kuwa wuya biyu ya yanka.

Yanzu ki ji na jiya. Ina da wata ɗabi'a da ban taɓa faɗa miki ba. Duk na'urar da ta bar hannuna, nakan liƙa siririyar takarda mai gam a mahaɗar murfi daga ƙasa, inda sai an kifa ta an haska ake gani. In an buɗe, takardar ta yage. Ina yi ne don kowa ƙarya yake yi mini. Kowa! Likita, malamin makaranta, ɗan sanda, duk sai su rantse da kabarin kakarsu suna hure fanka duk wata, in buɗe in tarar da abin da za a saƙa safa da shi. Babu wanda ke buɗewa, ni na fi kowa sani a garin Ruse. Jiya na kifa taki, hannuna ne ya yi don sabo, na haska. Takardar tana nan lafiya lau, yadda na liƙa ta wata goma sha ɗaya da suka wuce. Da na danna murfin, a hannuna ta yage.

Ƙura ta yi kauri a ciki kamar gashin tunkiya. Na sa ɗan yatsa na share, sunanki ya fito.

Ba ki taɓa gani ba. 'Yar ƙaryar da kowa ke yi wa mai gyara kika yi mini don in rufe miki baki, ni kuma da nake kama likitoci da ita, na haɗiye ta ɗanya. Sau nawa na zauna a ɗakinki bayan Fabrairu, na'urar tana taku biyu daga gwiwata, tocila tana aljihuna? Girman kai ya hana ni kifa ta. Na ƙone gona saboda amsar tambayar da ba a taɓa yi miki ba.

Bai Tsanko yana bakin ƙofa yana shan taba. Da ya ga na zauna a ƙasa ya matso, ya laluba tabarau, ya karanta yana motsa leɓe. Sannan ya ce, "Ɗana, shekara talatin na yi a jirgin ruwa, na ga wawaye a ƙasa shida, amma ban taɓa ganin wanda ya kai wa fanka neman aure ba. Ni a layin burodi na tambayi uwarta, da bakina, mutum ashirin suna ji." Na roƙe shi ya yi miki magana. Ya ce takarda zai kai, murfi zai kai, amma ba zai sa baki ba, don shi ma yana teburin nan a watan Mayu kuma kunnensa ƙalau yake. Ya ce kin sa hannu na shekara biyu, kin ɗaure akwati, kin ba maƙwabciya kyanwarki. Da ya ambaci kyanwar na san ruwa ya ƙare wa ɗan kada. Wadda ta ba da wannan kyanwar ba ta da niyyar waiwaye.

Na'urar na gama ta. Ina da fararen murafe a ajiye, na sa mata, na hure fankar, mai saye zai same ta fara kamar haƙorin jariri, ya je ya ji daɗinsa. Jan kuwa na ɗora masa sanfefa don in cika umarninki, na ja sau ɗaya a kusurwa, hannuna ya ƙi. Za ki ga tabon. Na hagun ne bai Tsanko zai miƙa miki tare da wannan, ba a naɗe ba, cikinsa na kallon sama. Ambulan ɗin ma ban liƙe ba. Na daina ɓoye abu inda sai an buɗe.

Me zan roƙa, rumfar inabina, ruwan saman Agustana? In ce ki yage takardar aikinki saboda mutumin da ya ci miki mutunci gaban mahaifiyarki? Tambayar ta zinare ce, amma wata huɗu na dafin da na zuba miki su ma nawa ne, babu sanfefar da za ta goge su. Fenti in ya bushe a kan datti, dattin ya zauna ke nan har abada, wannan kowane ɗan koyo ya sani. Ban sa rai ba. Na rantse ban sa ba. Shamuwa in ta tashi a ƙarshen rani ba ta jin kiran wanda ya jefe ta.

Ba zan zo tasha ba, kin ce kada ki ƙara ganin fuskata, wannan ɗaya dai zan cika. Amma hanyar tasha ta gaban garejina ta bi, ƙofar kuma a buɗe take daga yanzu har ƙarfe goman Asabar. Ba sai kin yarda ba. Na janye sharaɗin. Ki tsaya daga bakin titi da akwatinki ki kira ni jaki sau ɗaya, ki wuce, zai ishe ni shekara biyu.

In kuma goma ta buga titi shiru, babanki ya ce garin da za ki yana bakin wannan kogin namu ne, can sama inda yake siriri. To ki riƙa wanke hannu a ciki. Duk abin da ya taɓa ki ta nan zai biyo, ni kuma ina bakin ruwa.

Ki aure ni, Boryana. Ga shi a fili, da baƙin biro, a makare da wata goma sha ɗaya.

Naki ni kaɗai, da bakina da wautata, har ranar da Danub zai juya ya hau tudu ya je ya same ki,

Stoil