Shafi Biyu daga Kayen Hadiza

Damagaram, daren Laraba

Ni da gwanintata! Na rasa takardar hura gawayin shayi, na yage shafi biyu daga kayen 'yata Hadiza, littafinta na rubutu. Sai da wuta ta kama na leƙa sauran, da ɗan karatuna na aji uku. Ashe waƙa take rubuta wa yayanta Musa, sojanmu da aka binne a Diffa ba mu ga gawarsa ba. A ciki har da wannan: "Baba yana ba mutane dariya, yana kuka a bayan rumbu."

Wallahi na ɗauka ba mai ganina.

Ta shigo ta ga toka, ta ce, "Baba, yarintarsa ka ƙona."

Na nemi barkwanci, na rasa. Shekara guda ban ambaci sunansa ba. Gobe dole in zauna in ba ta labarinsa, ta sake cika shafukan.