Shafi na Casa'in da Huɗu

Zuwa ga Bogumił, hasken idona, ranar da ke narkar da ƙanƙarar zuciyata, kuma ciwon kaina tun sha ɗaya ga Maris!

Kullum muna wurin ɗaukar fim ɗaya, kai darakta, ni mai kula da ci gaban shiri, amma da na buɗe baki sai ka ce a kunna fitila. Shi ya sa na cusa wannan takarda cikin kundin labarinka, don na san shi kaɗai kake karantawa.

Masoyina, ka ɗauki haɗuwarmu ka mai da ita fim, ban hana ka ba. Amma don Allah ina aka yi ruwan sama? Ranar Talata ce, rana tar a titin Piotrkowska, watana biyu da gama makaranta. Kwat ɗina kore ne, ba ja ba. Ba fure ka miƙo mini ba, pierogi ne, 'yan ƙullin fulawa masu kabeji a ciki, a takarda, ka cinye biyar cikin shida! Duk da haka muryarka ta ratsa ni kamar iskar bazara a dajin itatuwan fayin, na wuce inda zan sauka daga tiram, jirgin cikin gari, har tasha uku. Wannan ma ka rubuta biyu.

Duk na haɗiye. Shafi na casa'in da huɗu ne ya tsaya mini a wuya. Sau huɗu ka sake shi, sau huɗu saurayin yana hawa jirgin ƙasa zuwa Warsaw shi kaɗai, yarinyar tana tsaye tana ɗaga hannu. Ni ce nake auna inda za ta tsaya, ni ce nake rubuta da wane hannu za ta share hawaye! Labari ne kawai, ko sallama kake yi mini ta bakin 'yan wasa? Na san can za ka koma in an gama. Ni kuma an ba ni aiki a Kraków, ranar Juma'a da ƙarfe sha biyu suke son amsa.

Ka tuna ranar fara ɗauka, da muka rubuta sunayenmu a faranti aka fasa shi a ƙafar kyamara bisa al'adar 'yan fim, kowa ya ɗauki ɓallinsa? Ka yi ta laluben ƙasa kana neman rabin sunanka. Yana aljihuna, tauraron asubata. Kwana talatin da takwas ke nan, har ya yanke ni sau biyu.

Ba fure nake roƙo ba, ba kuma ruwan sama ba. Ka buɗe baki ka faɗa mini tikiti nawa za ka saya. In ɗaya ne, zan tsayar da yarinyar daidai inda ka ce, in tafi Kraków. In biyu ne, kujerar taga tawa ce.

Ko wanne ka zaɓa, ɓallin nan ba zai dawo hannunka ba.

Taka har kogin Wisła ya ƙafe, ko da raina a ɓace,
Halszka