Zuwa ga Yaya Habu, da ya ce shi maraya ne

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya a can Mumbai, ni ce Rabi, ƙanwarka, in har ka yarda kana da ƙanwa. A idon jama'a nake rubuto maka, tunda wayarka ba ta ɗaukar lambar Kontagora.

Mun ga hirar. Maƙwabcinmu Malam Danjuma ne ya kawo wa Inna a wayarsa, yana ta murna, wai ga Habu a talabijin ɗin Indiya. Ka tara gemu, ana kiranka marubuci kuma darakta. Da aka tambaye ka asalinka, sai ka sunkuyar da kai, ka ce maraya ka tashi, titi ne ya raine ka.

Inna ba ta jin Turanci, ta ce in fassara. Na ce gaishe ta kake yi. Ta ce, “Rabi, wannan muryar na san ta tun yana satar mini ƙuli.”

Wane titi, Yaya? Matar da ta shekara ashirin tana suyar ƙosai a bakin tasha har hayaƙi ya cinye mata ido, ita ce titin?

Fim ɗinka na farko da harshen Bangali, wanda ake ta yabo, labarin kakarmu ne da ta riƙe gonar ƙauyen Beri ita kaɗai bayan ambaliya. Inna ce ta ba mu shi muna ɓarar gyaɗa. Ka mai da masara shinkafa, ka ɗaura wa tsohuwa sari irin na matan Indiya, ka rubuta sunanka kai kaɗai. Da ka koma finafinan Hindi, labarinta ya ƙare maka, sai rawa a kan dutse da mota na kifewa. Ko rabi ban iya kalla ba.

Abin da ya fi ba ni haushi, ban manta ba. Kai kake ɗora ni a wuya mu je gidan kallo, kana fassara mini Indiyancin da kai ma ba ka ji.

Yau kwana goma sha ɗaya Inna na kwance, ko kunu da ƙyar take sha. Duk wanda ya yi sallama da muryar namiji, sai ta gyara ɗankwali. Ba ta ce in rubuto maka ba, kuma ba za ta ce ba.

Kada ka turo hoto, ba ta gani. Ka kira.

Allah ya ba ta lafiya. Kai kuma Allah ya shirye ka tun tana iya amsawa.

Ƙanwarka,
Rabi