Kifin da Malam Ya Ture

Mansur, Makka
20 ga Zulƙida, 1437

Zuwa ga Yaya Hure,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kina lafiya, ke da mutan gida baki ɗaya. Yaya ƙarin haƙurinmu? Allah Ya jiƙan ƙanenki Malam, Ya sa kwanciya hutawa ce. Mu nan da sauƙi. 'Yarki Rahmatu ta koma ɗakinta a unguwar Shisha, ni kuwa ina cikin takaba, gidan ya yi mini faɗi. Na rubuto ne don in na ɗauki waya kuka ke riga ni magana.

Maganar ɗanki Muhannad ce. Kin san shekara talatin Malam yana gashin tsire a bakin layinmu, har ran da likita ya ce zuciyarsa ta kumbura, ya hana shi kitse da ƙuli-ƙuli da duk abin da aka soya. Mutumin da ya ciyar da rabin unguwar Mansur ya koma cin dafaffen kabeji, yana ramewa muna kallo. Muhannad kuwa yana aikin kicin a wani otal a Jidda, inda shugabansu mutumin Danmak ne, matarsa 'yar Jafan. Wurinsu ya koyo gashin kifi marar mai. Cikin zafin nan na Shawwal ya ɗauko hutu musamman, ya hau saman gida da magariba ya hura gawayin ubansa. Ya jiƙa kifin da citta da wani baƙin ruwa, ya barbaɗa riɗi, ya yanka kokwamba siri-siri cikin ruwan tsamin nan khal da wani ganyen ƙanshi wai shi shabat, ga baƙin burodi a gefe. Yaya, ƙanshin har maƙwabta sai da suka leƙo.

Malam ya wanke hannu, ya tambaye shi da me aka haɗa. Kin san Hausar yaron, Larabci ya cinye rabinta. Sai ya ce da soya ya yi. Nan take Malam ya ture farantin. Ya ce shi da likita ya hana wa abin suya, ɗan cikinsa ne zai kawo masa soyayye, ko ya gaji da jinya ne? Muhannad ya buɗe baki zai yi bayani, Malam ya ɗaga masa hannu. Kin san halin gidanku, in kun hau ba ku sauka da wuri. Ni ma ban gane ba, har da cewa yaron bai kyauta ba, kuma wannan kalma tana ci na har yau. Washegari ya koma Jidda ba sallama.

Sai bayan kwana goma Rahmatu ta ga kwalbar baƙin ruwan nan a kicin ta karanta mana. Ashe soya sunan baƙin ruwan ne, na waken suya, kuma mai ƙarancin gishiri ya nemo saboda ubansa. Ko ɗigon mai bai taɓa kifin ba. Malam ya yi dariya har ya ƙware, daga nan dariyar ta koma hawaye. Na ce mu kira shi, ya ce a'a, ba a ba ɗa haƙuri ta waya, ran Juma'a zai sa a kira shi ya zo ya sake gasawa, ya cinye a gabansa. Ran Laraba Allah Ya karɓi abinsa.

Muhannad ya zo, da shi aka sallaci gawar a Harami. Na faɗa masa komai, Rahmatu ma ta faɗa, ya ce lallashinsa kawai muke yi. Ya bar aikin, ba ya cin abin kirki, ya tsaya a kan cewa ubansa ya tafi da fushinsa.

Yaya, ran Talata, ana gobe zai rasu, na ji Malam yana ba ki labarin a waya, kina yi masa tsiya. Ke kaɗai kika ji daga bakinsa ban da mu, kuma yaron ya san ba kya ƙarya don daɗin ran kowa. Don Allah ki kira shi. Kada ki gyara komai, ki faɗa masa yadda ubansa ya faɗa miki.

Ki gaida Baba Ɗaso da Rabi da yaranta.

Taki,
Fatsuma